Ɗariƙar da Babu Ita: Yadda Marubutan Almara Ke Ƙaga Sufanci, da Abin da Ke Rikita Masu Karatu a Damagaram

A wata fada da ke unguwar Zango a Damagaram, bayan sallar isha'i, shayi na kan gawayi ana jiran na biyu, wani saurayi ya ciro waya yana karanta wa abokansa labarin da ake sakowa kashi-kashi a WhatsApp. Labarin wata ƙasa ce da ba ta cikin taswira, da sarakunanta da yaƙe-yaƙenta, da wasu mutane masu zaman kogo suna neman gaskiyar da ke ɓoye a bayan abin da ido ke gani. Wani dattijo mai sayar da goro a gefe ya kasa kunne, har aka kai inda babbansu ke laƙanta wa almajiri wasu kalmomi da zai riƙa maimaitawa da asuba. Sai ya ce, "Kai yaro, wannan wace ɗariƙa ce? Wane ne shehinsu?" Saurayin ya ce, "Baba, ai babu ita, marubucin ne ya ƙaga." Dattijo ya gyara zama ya ce, "To in babu ita, wa ya ba shi iznin ba da wuridi?"

An yi dariya, amma tambayar ita ce gindin gardamar da ke tasowa duk lokacin da irin wannan labari ya faɗa hannun wanda bai saba da shi ba. Kuma yanzu yana yawan faɗawa. Finafinan ƙetare da ake fassarawa da Hausa sun cika katunan waya, matasa masu rubutu ba sa jiran maɗaba'a, sannan tun watan Maris na 2025 kundin sake gina ƙasa ya ayyana Hausa a matsayin harshen ƙasa a Nijar, abin da ya ƙara wa masu rubutu da ita ƙwarin guiwa. Wanda zai gina duniyar almara dole ya ba mutanenta abin da suka yi imani da shi, kamar yadda zai ba su abinci da sutura. A nan ake samun karo da mai karatun da ya tashi cikin garin malamai da zawiyoyi.

## Kalmomin da ake cakuɗawa

Tatsuniya, wadda a nan ake kuma ce mata gatana, tana da ƙofar shiga da ƙofar fita. Ana buɗe ta da "ga ta nan, ga ta nanku", a rufe da "ƙurunƙus kan kusu", wani mai bayarwar ma ya ƙara da cewa ba don Gizo ba da ya yi ƙarya. Babu yaron da ya taɓa tashi da safe ya tafi neman gidan Ƙoƙi. Almara ta fi faɗi: duk labarin da aka ƙaga wanda ya ƙetare abin da aka saba gani. Abin da ake magana a kansa yau reshe ne nata, wato labarin da marubuci ke gina duniya sukutum, da yanayin ƙasarta da tarihinta da dokokin da take tafiya a kansu, ba wai ya ɗauko aljani ɗaya ya jefa cikin garinmu ba.

Sufanci kuwa tafarki ne na tsarkake zuciya da neman kusanci da Allah cikin Musulunci, ɗariƙa kuma ita ce tsarinsa: shehi, silsila, wuridi, izni. Ƙadiriyya tana danganta kanta ga Shehu Abdulƙadir Jilani da ya rasu a Bagadaza a 1166, Tijjaniyya ga Shehu Ahmadu Tijjani da ya rasu a Fas a 1815. Damagaram ta san su duka biyun, ta kuma san Sanusiyya ta hanyar fataken Tarabulus da suka zauna a garin a ƙarni na 19. Abin lura shi ne ɗariƙa tana neman a bi ta. Tana cewa silsilarta gaskiya ce, kuma wanda ya riƙe ta zai ga amfani duniya da lahira. Falsafa ba ta neman mubaya'a, hujja take kawowa ta ce a auna.

Akwai kuma bori, wanda mutane da yawa ke saurin kawowa misali, alhali ba ɗaya ba ne. Ƴan bori suna da birnin Jangare inda iskoki ke zaune gida-gida ƙarƙashin Sarkin Aljan Sulemanu, da su Ɗan Galadima da Malam Alhaji da Inna da Sarkin Rafi, kowa da halinsa da irin abin da yake so. Idan aka dubi tsarin, ya yi kama da duniyar da marubucin almara zai yi alfahari da ginawa. Amma masu bori ba su ɗauki Jangare a matsayin ƙage ba. Ana yanka, ana biyan kuɗi, ana neman magani. Saboda haka hukuncin da malamai ke yi wa bori hukunci ne a kan aƙida da aiki, bai hau kan marubucin da ya ce da bakinsa ƙaga abin ya yi ba.

To sufancin almara shi ne tsarin tunani da tarbiyyar ruhi da marubuci ya ƙirƙira wa mutanen da babu su, a duniyar da babu ita, ba tare da ya kira kowa ya bi ba.

## Mu ƙaga ɗaya mu gani

Bayani a sama-sama ba ya kama hankali, don haka bari a gina misali a nan, da kayan gida. Mutumin Zinder, wato Damagaram, ba sai an gaya masa darajar ruwa ba. Garin yana zaune kan dutse, waɗannan manyan duwatsun da ke leƙowa tsakanin gidajen Birni su ne shaida, shi ya sa ake jawo ruwa daga nesa, daga Gogo da Arunguza. Kowa ya san layin bidodi a bakin famfo cikin bazara, da ɗan ga-ruwa yana tura kura yana haki, kuɗin bido yana hawa gwargwadon zafin rana.

Mu ƙaddara wata ƙasa da babu kogi ko tafki, sai rijiyoyi. A wannan ƙasa ruwa da magana asalinsu ɗaya ne. Duk kalmar da ta fita daga bakin mutum tana rage ruwan ƙarƙashin ƙasa da ɗigo guda. Kalmar ƙarya kuwa ba ragewa kawai take yi ba, tana mai da rijiyar unguwa zartsi. Wannan ba imani ba ne a can, abu ne da ake gani, kamar yadda muke ganin wuta tana ƙuna.

A irin wannan ƙasa dole wasu mutane su taso su mai da lamarin hanyar rayuwa. Mu kira su Masu Igiya. Mai shiga cikinsu yana farawa da shekara bakwai a bakin rijiya yana jan wasaki, yana ƙulla ƙulli ɗaya a igiyarsa kan kowace jimla da ya furta a yini. Da yamma babbansa ya shafa igiyar, ba ya cewa komai. Mataki na biyu shi ne yasa: a zura shi cikin rijiya ya kwashe laka, inda zai ji muryarsa tana dawo masa, ya gane yadda maganarsa take a kunnen wani. Na uku, wanda kaɗan ke kaiwa, shi ne mai jin ruwa, wanda ke kwanciya ya kanga kunne a ƙasa ya ce a haƙa nan.

Har zuwa nan ado ne kawai. Abin da ke mai da shi falsafa shi ne saɓani. Wani ɓangare na Masu Igiya ya ce tunda kowace kalma asara ce, kamala ita ce shiru ɗungurungum, har wasunsu ke ɗaure baki da ƙyalle. Ɗaya ɓangaren ya ce a'a, an lura cewa gaskiyar da aka faɗa a inda faɗarta ke da tsada, kamar shaida a gaban sarki a kan ɗan sarki, tana sa ruwa ya ƙaru. Ke nan mai shiru ba mai tattali ba ne, marowaci ne da ke shan ruwan da wasu suka saya da wuyansu. Na farko suka mayar da martani cewa wanda ya saba faɗar gaskiya don ruwa ya ƙaru, ba don gaskiyar yake yi ba, ciniki yake. Mai karatu da ya taɓa zama gaban malami zai ji ƙanshin tsohuwar tambayar nan ta ikhlasi da riya, amma an sauya mata tufafi yadda zai dube ta kamar yau ya fara ganinta.

Sannan marubucin kirki zai bi sawun abin har kasuwa. A ƙasar da magana ke cin ruwa, roƙo da kirari su ne kayan alfarma mafi tsada, sarki ne kaɗai zai iya ɗaukar nauyin maroƙi, kuma kowane kirarin da aka zuzuta shi da shi talakawa ne za su sha zartsinsa. Dillali zai koma ciniki da yatsu a ƙarƙashin mayafi. Uwa za ta yi lissafi kafin ta yi wa jariri waƙar reno. Za a samu munafukai masu yawo da igiya marar ƙulli alhali da dare suke tsegumi, da attajirin da ke ɗaukar talaka haya ya yi ƙarya a madadinsa a wata unguwa. A nan ake bambanta ƙirƙirar da aka yi wa aiki da wadda aka yi don burgewa: ta farko tana da farashi, tana da masu cin amanarta, kuma mabiyanta ba su yarda da juna ba. Ta biyu tsoho ne kawai mai farin gemu da ke zuba kalmomi masu nauyi waɗanda shi marubucin ma bai san abin da suke nufi ba, kuma ita ce ta fi yawa.

## Abin ba yau ya fara ba

Masu ganin wannan salo baƙo ne daga Turai suna da rabin gaskiya. Sa tunani mai zurfi a bakin wanda babu shi tsohon aiki ne a duniyar Musulmi. A Basra, cikin ƙarni na 10, wasu masana falsafa da ake kira Ikhwanus Safa sun rubuta shari'ar da dabbobi suka kai ƙarar ɗan Adam gaban sarkin aljanu. Ibn Ɗufail, likita kuma masanin falsafa na Andalus da ya rasu a Marrakesh a 1185, ya rubuta Hayyu bin Yaƙzan: yaro ya tashi shi kaɗai a tsibiri, barewa ta shayar da shi, ya kai ga sanin Mahalicci ta hanyar lura da tunani, daga baya ya je wa mutane da abin da ya gano suka kasa ɗauka, ya koma tsibirinsa. An fassara littafin zuwa Latin a 1671. Fariduddin Attar na Naisabur ya tara tsuntsaye ƙarƙashin jagorancin alhudahuda suka ƙetare kwaruruka bakwai suna neman sarkinsu Simurg, talatin suka isa, alhali "si murg" da Farisanci ma'anarsa tsuntsu talatin.

Wanda ya fi kusa da mu shi ne Muƙamatul Hariri, da ake karantawa a zaurukan malamai a ƙasar Hausa tun kaka da kakanni. Gwarzonsa Abu Zaid mutumin Saruj ƙagagge ne, mayaudari ne ma, mai shiga rigar wa'azi don ya karɓe kuɗin mutane. Hariri, wanda ya rasu a 1122, ya san za a soke shi, shi ya sa tun a gabatarwa ya kare kansa da cewa aikinsa kamar labaran da ake sa wa a bakin dabbobi ne, waɗanda ba a taɓa jin an ɗora wa masu ba da su zunubi ba.

Sai dai akwai bambanci, kuma masu kare almara sukan tsallake shi. Ibn Ɗufail da Attar ba su ƙaga aƙida ba. Sun ƙaga mutum ko tsuntsu ne don su nuna aƙidar da su kansu suka riƙe. Ƙaga tsarin imani gaba ɗaya wanda marubucin bai yarda da shi ba, don kawai duniyar labarinsa ta tsaya da ƙafarta, wannan ya bunƙasa ne a adabin Ingilishi na ƙarni na 20. Frank Herbert, Ba'amurke, ya fitar da littafinsa Dune a 1965, ya gina mutanen hamada da addininsu, ya kwaso kalmomi irin su Mahdi da jihadi daga Larabci ya ba su wata ma'ana. Da aka mai da shi fim a 2021 da 2024, Musulmi da yawa sun yi muhawara a kan ko girmamawa ce ko wawaso.

A Hausa ma an taɓa wannan tirka-tirka. Lokacin da Rupert East na Hukumar Fassara ta Zariya ya shirya gasar ƙagaggun labarai a 1933, ya sha wahalar shawo kan malamai cewa zama a rubuta abin da bai faru ba aiki ne da ya dace da mai ilimi. Daga gasar aka samu Ruwan Bagaja na Abubakar Imam da Ganɗoki na Bello Kagara, dukkansu cike da aljanu da ƙasashen mamaki. Amma jarumansu Musulmi ne, duniyarsu ma tamu ce aka faɗaɗa. Ba su taɓa tushen imani ba. Matasan yau shi suke taɓawa.

## Inda aka rabu

Masu hani gaba ɗaya suna da hujja biyu. Ta farko, ƙagaggen labari ƙarya ne, ƙarya kuwa haramun ce. Wannan ita ce mafi rauni, domin ƙarya tana buƙatar niyyar yaudara, kuma malaman da suka halatta buga misali sun daɗe da amsa ta. Ta biyu ta fi ƙarfi: zuciya tana ɗaukar abin da aka ƙawata mata. Yaro ɗan shekara goma sha uku da bai gama Ahalari ba, idan ya kwana yana karanta yadda wani gwarzo ya samu buɗi ta hanyar bauta wa tauraro, ba lalle ya fita addini ba, amma ana rage masa ƙyamar abin. Suna iya kawo hujja daga waje ma: a ƙidayar jama'a ta 2001 a Ingila da Wales, mutum kusan 390,000 sun rubuta Jedi a gurbin addini, sunan ƙungiyar jarumai masu tarbiyyar ruhi a finafinan Star Wars. Akasarinsu barkwanci suka yi, amma ya nuna ƙage yana iya tsallako katanga.

Masu halattawa suna cewa almara ɗakin gwaji ce. Ɗaliban ajin ƙarshe na lise da ke shirin jarrabawar bak suna karanta misalin kogon Aflatun, fursunonin da ba su taɓa ganin komai ba sai inuwa a bango, kuma babu wanda ya ce malamin falsafa yana kiran su zuwa wani addini. Suna ƙara da cewa akwai tambayoyin da a garinmu ba a iya yin su kai tsaye ba tare da an ɓata wa wani ba: yaushe biyayya ga babba ke zama bauta, me ke faruwa idan gadon ruhi ya koma gadon gida, ina iyakar mai wa'azi da mai mulki. Idan aka kai su ƙasar Masu Igiya, Batijjane da ɗan Izala za su iya zama tabarma ɗaya su tattauna, kowa bai ji an taɓa nasa ba. Raunin wannan ɓangare shi ne suna magana kamar kowane mai karatu ɗan jami'a ne, kuma kamar kowane marubuci da niyyar tunani ya zo, alhali wasu habaici ne kawai suke yi su laɓe bayan "ai labari ne".

Akwai na tsakiya, kuma a cikinsu ake samun malamai da marubuta da yawa. Su ba su damu da ƙagawar ba, sharaɗi suke gindayawa: kada a sa Allah ko Annabawa ko Sahabbai cikin ƙage, kada a ƙaga aya ko hadisi, kada a rubuta laƙani ko hatimi dalla-dalla yadda wani zai kwafa ya gwada, kuma kada labarin ya zama riga ce aka ɗinka wa wani shehi ko wata ƙungiya da kowa zai gane.

Abin mamaki, ƴan ɗariƙa da masu sukar ɗariƙa suna iya haɗuwa a ƙin labari ɗaya saboda dalilai masu karo da juna. Tun kafuwar Izala a Jos a 1978 da yaɗuwarta zuwa Maraɗi da Damagaram, kalmomin sufanci sun zama filin daga. Idan ƙagaggen shehi ya fito mutumin kirki mai karama, wani zai ce ana tallar bidi'a. Idan ya fito macuci, wani zai ce da shehinsa ake.

## Gwajin kalmomi

A koma kan Masu Igiya a yi musu canji ɗaya tak. Kada a taɓa labarin, a sauya sunaye kawai. Babbansu a kira shi shehi, mai jan wasaki muridi, ƙulla igiya wuridi, shiga rijiya halwa, jin ruwa kuma fatahi. Ɓangaren da ke sukar masu shiru a ce musu masu da'awar sunna.

Nan take ƙasar rijiyoyi ta ɓace. Mai karatu ba ya ganin wata duniya, unguwarsu yake gani, yana lissafin wa ake nufi da wa. Munafukin nan mai igiya marar ƙulli ya zama zagi ga muƙaddamin da ke bayan gidansu. Ke nan mafi yawan rikicin ba daga ƙaga aƙida yake zuwa ba, daga aron kalmomin da ke da masu su yake zuwa. Herbert ya ari Mahdi don a kunnen masu karatunsa na Amurka kalmar baƙuwa ce mai ƙamshin nesa. Marubucin Damagaram da ya kwaikwaye shi ya ari wuridi, ya ɗauko abin da maƙwabcinsa ke yi kowace safiya da yamma. Tambayar dattijon mai goro daga nan ta fito: ya ji abin da ya yi masa kama da wuridi, wanda a saninsa ba ya tafiya sai da izni.

Matsalar ita ce kusan duk kalmomin Hausa na zurfin ruhi daga Larabci suka zo ta hanyar addini, waɗanda ba su zo ta nan ba kuma na bori ne. Marubuci yana tsakanin kura da damisa. Mafita ɗaya ita ce wadda aka bi a misalin sama, a gina kalmomin daga sana'a: rijiya, ƙira, saƙa, jima, fatauci. Damagaram da ta shahara da aikin fata ba ta rasa inda za a samo su ba. Yana da wuya fiye da aro, shi ya sa ba a cika yi ba.

Garin ma yana da nasa darasin a wasan kara, inda mutane ke shiga kamannin sarki da hakimai da gwamna har da shugaban ƙasa, su kwaikwayi tafiyarsu da maganarsu, masu mulkin na gaske suna zaune suna kallo. Abin da ya sa ba ya zama faɗa shi ne kowa ya san ranar, ya san filin, ya san wasa ne. Da wani zai sa wannan shigar ya je kasuwar Dole ranar Alhamis yana ba da umarni, da labari ya sha bamban.

## Wa abin zai shafa

Marubuci ne a sahun gaba, kuma haɗarinsa ba daga wanda ya karanta littafin duka yake ba. Labarin da ake sakawa kashi-kashi ba shi da "ga ta nan" a kan kowane kashi. Wani zai ɗauki hoton sakin layi ɗaya, inda mugun cikin labarin ke faɗar maganar da ta yi kama da saɓo, ya tura wani zaure ba tare da na gaba da na baya ba, a ƙasa ga sunan marubuci da lambarsa. Mutanen Zinder sun san saurin da wutar da ta shafi addini ke ci: a watan Janairun 2015, zanga-zangar zanen ɓatancin wata jarida ta Faransa ta kai ga asarar rayuka da ƙona majami'u da cibiyar al'adu ta Faransa da Nijar da ke garin, har da ɗakin karatunta. Wancan ɓatanci ne na ganganci, ba almara ba, amma wanda aka turo wa guntun hoto ba ya tsayawa tantancewa.

Ta fuskar doka, Nijar tana da dokar laifukan intanet tun 2019. An sassauta ta a 2022, sannan a watan Yunin 2024 aka maido da hukuncin ɗauri kan ɓata suna da zagi ta intanet, ga kuma laifin yaɗa abin da ka iya dagula zaman lafiyar jama'a. Dokar ba ta hana ƙaga labari ba. Amma "abin da ka iya dagula zaman lafiya" magana ce mai faɗi, kuma yaɗawa take kamawa, ba rubutawa kaɗai ba, don haka mai kula da zauren WhatsApp da wanda ya tura ba su fita ba. Wanda ke son littafinsa ya shiga kasuwar Kano kuma yana da wani shingen, domin jihar tana da hukumar tace finafinai da ɗab'i tun 2001, kuma a 2007 an taɓa ƙona littattafan hikaya a bainar jama'a a can.

Ga iyaye, hana waya ba ya cika aiki, yaron zai karanta a ta abokinsa. Tambaya biyu sun fi amfani: a wace duniya labarin yake faruwa, kuma akwai wani abu a ciki da aka ce mai karatu ya yi da kansa? Labarin da ya tsaya a ƙasarsa ta ƙage daban yake da wanda ya ce a karanta kaza ƙafa kaza a ga aiki. Na biyun ya bar almara ya shiga kasuwar masu ba da sa'a, kuma irinsa ne ake bi da lambar waya a ƙarshe a ce a turo jika biyu kuɗin turare.

Masu tura finafinai a kati, waɗanda ke zaune da kwamfuta a bakin tasha suna cika wa mutane waya, su ma suna ciki ba tare da sun sani ba. Mai fassara fim da Hausa yana da daƙiƙa biyu ya samo kalmar da za ta maye gurbin sunan wata ƙagaggiyar ƙungiya ta masu tsafi ko masu zuhudu, sai ya cafko wadda ta fi kusa da bakinsa, ya ce "waliyyai" ko "malamai" ko "bokaye". Kowace ya zaɓa, ya riga ya yanke wa mai kallo hukuncin da masu fim ɗin ba su yanke ba, kuma da wannan kalmar yaran unguwa za su riƙa kiran juna gobe a filin ƙwallo.